Daga Rudun Albasa Zuwa Majalisar Dokoki: Labarin Rayuwata

Assalamu alaikum. Yaran gidana sun daɗe suna matsa mini in zauna in ba da labarin rayuwata a rubuta, ni kuwa ina ta ce musu sai an kwana biyu. Abin da ya sa na yarda yanzu shi ne yadda na ga samarin ƙauyukanmu suna kallon kujerar ɗan majalisa, wasu da kwaɗayi, wasu da ƙiyayya, alhali kaɗan ne cikinsu suka san abin da ke kanta. Ni na hau ta shekara 8 na sauka, kafin ita kuma na haura shekara 30 ina fataucin albasa. Abin da idona ya gani shi zan faɗa.

An haife ni a wani ƙauye na gabashin Sakkwato, bakin fadamar gulbin Rima, shekaru kaɗan kafin samun mulkin kai na 1960. Baba manomi ne. Da damina gero da dawa da wake, in an kawar da amfanin gona kuma sai ya gangara fadama ya yi albasa da tafarnuwa. A lokacin babu injin ban ruwa, da jigo ake ɗibar ruwa. Baba yana jan jigo tun sanyin asuba, ni kuma ina tsaye da 'yar fartanya ina buɗe wa ruwa hanya daga wannan fangali zuwa wancan. Karatun allo na fara a zauren malamin unguwarmu. Boko kuwa kama ni aka yi, domin uban ƙasa ya ba kowane hakimi umarnin ya kawo yara, iyaye da yawa suka ɓoye nasu a rumbu ko suka tura su wajen dangi, ni aka same ni gida. Na gama firamare, daga nan karatun ya tsaya, saboda ciwo ya kwantar da Baba kuma ni ne babba.

Sai ga farin 1973. Wanda bai ga wannan shekara ba ba zai gane abin da ake nufi da yunwa ba. Buzaye da Adarawa suka gangaro daga arewa da 'yan raƙumansu da suka rage, shanu suna faɗuwa a kan hanya, gero ya ƙone tun bai fid da kai ba. A shekarar ne kuma aka bar fam da sule aka koma naira da kwabo, tsofaffi suna ta rikicewa wajen lissafi. Inna tana da jajayen awaki guda biyu, irin namu na Sakkwato da fatarsu ta yi suna har ƙasashen Turai. Ta sayar da ɗaya ta ɗaure kuɗin a gefen zane, da dare ta kira ni ɗaki ta damƙa mini, ta ce in tafi wajen ƙanenta in koyi kasuwa. Wannan akuya ita ce jarina na farko.

Kawu dillalin albasa ne, an san shi daga kasuwar Achida har Illela. Shekarun farko ban sayi ko kwando ɗaya da sunana ba. Ɗinkin buhu nake yi, da tsince ruɓaɓɓa, da tsayawa kan 'yan dako lokacin lodi. Wata rana ya same ni ina taya wani bafatake jera manyan albasa a bakin buhu, ƙanana da masu tabo a ƙasa. Bai yi mini faɗa a gaban mutane ba. Sai da muka koma gida ya ce, “Ɗan nan, albasa ba ta ɓoye cuta. In ka aza mai kyau bisa ka ɓoye ruɓaɓɓa ƙasa, kwana ukku wari ya tona ka, kuma mutumin Kurmi ba shi mantuwa. Buhun da duk yaf fita hannunka, sunanka na ciki.”

Sirrin wannan sana'a a ajiya yake. Ana dashe da sanyi, a cire wajen watan Maris zuwa Afrilu, lokacin nan albasa ta cika kasuwa har manomi yana roƙon a saya. Daga ƙarshen damina zuwa Disamba kuma sai ta yi wuya, farashi ya ninka ya sake ninkawa. Mai ƙarfin hali shi ne wanda zai saya da araha ya zuba a rudu, wato ɗan dandamalin kara da aka ɗaga daga ƙasa aka yi masa rufin ciyawa don iska ta riƙa ratsawa, ya jira. Jiran nan ba na zama ba ne. Kowane 'yan kwanaki sai an buɗe an juya an fid da wadda ta fara lalacewa, in ba haka ba ta shafi 'yan uwanta. Ga zafin bazara yana tsotse ta, ga laimar damina tana sa ta tsiro. Akwai shekarar da za ka buɗe rudu ka yi hamdala, akwai wadda za ka buɗe ka kira masu jakai su kwashe su kai juji.

Da na fara tafiya Kurmi, a kan kaya nake kwana, saman gingimari. Mu bar Sakkwato mu bi Tambuwal, Jega, Yawuri, Kwantagora, Makwa, mu haye gadar Jaba, sai Ilori, Badun, har Ikko. A kasuwar Mil 12 kowane bafatake yana da mai gidansa, shi zai sauke ka, ya sayar maka, ya cire la'adarsa. Yawancin cinikin bashi ne, kuma babu takarda babu sa hannu. Matan Yarabawa su ɗauki kaya su ce sai mako mai zuwa, kai kuma ka dawo gida, kuɗinka su biyo ka a hannun direba. Wayar hannu ba ta zo ba sai 2001. Kafin nan, labarin farashi a bakin direbobi yake, wanda ya riga jin labari shi ya ci kasuwa.

Shekarar 1984 ta kusa tashi da mu. A watan Afrilu gwamnatin soja ta Janar Buhari ta canza launin takardun naira, ta ba da 'yan kwanaki a canza, ta kuma rufe kan iyaka, ba a buɗe ba sai 1986. Mu kuwa rabin hulɗarmu da Ƙonni ta ƙasar Nijar ce, domin albasar Galmi ta can take shigowa, kuma mutanen Illela da na Ƙonni dangi ne, auratayya ce tsakaninsu. Kuɗin Kawu masu yawa suna hannun abokan cinikinsa na ƙetare, kafin su sami hanyar shigo da su wa'adi ya cika, suka zama takardun banza. Ga fari ya sake dawowa a wannan shekara. Kawu bai ƙara miƙewa ba har Allah ya karɓi ransa. Ni abin da ya tashe ni, bayan ikon Allah, wata Bayarabiya ce da muke kira Mama, wadda ta daɗe tana sayen kayana. Da ta ji abin da ya faru, ta ba mai gidana kuɗin mota guda ta ce a kawo mini, in sayo mata albasa, mu raba riba. Ta ce buhuna ba ta taɓa zazzage shi don dubawa ba. Har ta rasu ban daina kai mata gaisuwa ba, kuma 'ya'yanta har yau suna ciniki da nawa.

A farkon shekarun 1990 injin ban ruwa da 'yan rijiyoyin burtsatse suka bazu a fadamu, musamman da shirin Fadama da Bankin Duniya ya tallafa. Wanda da jigo yake shayar da fangali kaɗan sai ga shi yana iya noma ninkin abin da ya saba. Matsalar ita ce kuɗin inji da mai da taki. Nan na shiga. Ina ba manomi inji da taki da iri tun lokacin dashe, in ya cire albasa ya biya ni da ita a farashin ranar, ba farashin da na yanka masa tun yana cikin matsi ba. Wasu 'yan kasuwa sun ce na cika sassauci. Amma manoman nan ba su taɓa kai kayansu wani wuri ba sai na ce ba na so. Da haka na sayi motar kaina, na sauke farali, 'yan albasar kasuwarmu suka naɗa ni shugabansu. A wannan tsakani ne kuma na shiga ajin dare na manya na zauna jarrabawar sakandare, don na gaji da neman wanda zai karanta mini takardun banki da na kwastan.

Siyasa ban neme ta ba, ko da yake ban taɓa nisa da ita ba. Mun yi Shagari a 1979 kamar kowa a ƙasar nan, kuma bayan dawowar mulkin farar hula a 1999 ina taimaka wa 'yan takara da mota da ɗan abin da ya samu. Ƙarshen 2006, bayan rasuwar Sarkin Musulmi Maccido a hatsarin jirgin sama na watan Oktoba, gari yana cikin juyayi, dattawan yankinmu suka yi mini sallama da dare, da liman a gaba. Babbansu ya ce, “Alhaji, mun gaji da aika wanda sai ranar zaɓe muka ganin ƙurar motarshi. Mai ɗaki shi yas san inda ruwa ka zuba mai. Kai ka san hanyar ga, motarka ta sha kahewa cikinta. Kai muka so.” Na ce su ba ni lokaci in shawarci Inna.

Inna ta tsufa a lokacin, idonta ya yi rauni. Ta saurare ni har na gama, sannan ta ce, “Na yarda, amma da sharaɗi biyu. Kak ka tashi daga garin ga ka koma birni da iyalinka. Kuma ranar da anka ce lokacinka ya yi, ka sauka da ƙahwarka.” Dama mazaɓarmu gunduma biyu ce, kuma dattawan ɓangarorin biyu sun yi yarjejeniya a gaban malamai cewa kowane ɓangare zai yi zubi biyu ya ba ɗan uwansa.

Zaɓen 2007 ya zo da ruɗani a Sakkwato. Gwamna Bafarawa ya koma DPP, Wamakko ya bar ANPP ya shiga PDP ana gab da zaɓe, mutanen ƙauye suna tambaya wace alama za su dangwala wa. Ni na bi inda dattawanmu suka bi. Yaƙin neman zaɓe a karkara ba a kan dandamali ake cinsa ba. A wajen gaisuwar mutuwa ake cinsa, da suna, da ɗaurin aure, da zaman tabarma a ƙofar gidan mai unguwa. Abu ɗaya da na ƙi shi ne ɗaukar 'yan banga. Yaran da ake ba ƙwaya da adda a sa su gaban mota 'ya'yan manoman da nake hulɗa da su ne, na san iyayensu ɗaya bayan ɗaya. Allah ya ba mu nasara, aka rantsar da mu a watan Yuni.

Mu 30 ne a zauren, daga ƙananan hukumomi 23. Akwai lauyoyi, akwai tsofaffin malaman makaranta da ma'aikatan gwamnati, akwai irina 'yan kasuwa. Dokar ɗa'ar ma'aikata ta hana mai riƙe da muƙami gudanar da kasuwanci in ban da noma, don haka na cike takardar bayyana kadarori na miƙa ragamar fatauci ga ƙanena da babban ɗana. Tsarin mulki ya ce majalisa ta zauna aƙalla kwana 181 a shekara, aikinta kuma yin doka, amincewa da kasafin kuɗi, tantance waɗanda gwamna ya zaɓa, da bin sawun yadda ake kashe dukiyar jama'a. Takardu duk da Turanci suke zuwa, kundin kasafi kuwa ya fi tubali kauri. Kowane dare nakan zaunar da wani ɗan ƙanwata da ya yi karatun akanta, mu bi shi layi-layi. Turancin nakan sha wuya da shi, amma lissafin ba ya ɓace mini. Mutumin da ya saba riƙe bashin mutum ɗari a ka, in ya ga an rubuta kuɗin gina aji biyu da ya isa gina shida, zai gane.

Wannan shi ne aikin da aka rubuta. Wanda jama'a suka sani daban ne, kuma a ƙofar gida ake yinsa. Kafin a sallame sallar asuba zaure ya cika. Wannan da takardar magani a hannu, wancan matarsa ta haihu babu ragon suna, wani an koro ɗansa kan kuɗin jarrabawa, wani katangarsa ta faɗi, wani yana so a sama wa yaronsa aiki ko na masinja ne. Ban taɓa ganin laifinsu ba, kuma har yau ba na son jin ɗan siyasa yana kiran talakawa maroƙa. Mutumin da ya je ɗakin shan magani na garinsu ya tarar babu ko ƙwayar zazzaɓi, ya je sakatariya aka ce babu kuɗi, ina zai nufa in ba gidan wanda ya dangwala wa ƙuri'a ba? Albashi da alawus sukan ƙare tun wata bai raba ba, daga nan sai in aika wa ƙanena ya taɓo jari. Amma na lura da wani abu da ya dame ni: duk abin da na raba da safe, washegari buƙatar tana nan yadda take, har ta ƙaru.

Wani dare cikin watan Agusta, ruwa yana zuba, wani dattijo daga ƙauyen da ke hayin rafi ya yi sallama. Rigarsa sharkaf, ƙafafunsa duk laka. Na sa aka kawo masa abinci, bai taɓa ba. 'Yarsa ce ta kwana biyu tana naƙuda, suka ɗauko ta a amalanke, suka tarar rafi ya cika ya yanke hanya. A bakin ruwan suka kwana. Da safe aka haye da ita a kan gadon kara, maza huɗu ruwa har ƙirji. Kafin a kai asibiti ɗan ya mutu a ciki, ita kuma ta tsira da yoyon fitsari. Na sa hannu a aljihu, sai ya ɗaga mini hannu ya ce, “Ranka shi daɗe, ba kuɗɗi niz zo biɗa ba. Ɗiyata ta riga ta samu abin da tas samu. Ka yi muna gada, kak ɗiyar wani ta sake kwana bakin rafin ga.”

Daga wannan dare gadar nan ta zama aikina. A nan ne na koyi iyakar ƙarfin ɗan majalisa. Gwamna ne ke kawo kasafi, kwamitoci su zauna, ma'aikatu su zo su kare abin da suka nema, majalisa ta amince, a sa hannu ya zama doka. Shigar da aiki cikin kundin abu ne mai yiwuwa in ka iya lallashin abokan aikinka, ka goyi bayan nasu su goyi bayan naka. Amma ganin sunan aiki a kasafi kamar a ce maka “na saya” ne a kasuwa ba a ƙirga kuɗi ba. Sakin kuɗin yana hannun ɓangaren zartarwa. Gadarmu ta fito a kundi, na je gida na faɗa wa mutane, aka yi ta murna, shekara ta ƙare ko tsakuwa ba a zuba ba. Wata shekarar ta sake fitowa.

Sai na koma wa abin da na iya, wato bin bashi. Na gano teburin da fayil ɗin yake kwance a wata ma'aikata, na san sunan akawun da ke riƙe da shi, na san injiniyan da zai je awo. Ba na aika yaro, da kaina nake zuwa in zauna a benci tare da masu jira. Na ɗauki injiniyan a motata na kai shi bakin rafin lokacin da ruwa ya cika, na tara masa matan ƙauyen suka yi masa bayani da bakinsu. Da aka ba da kwangilar kuma sai wani sabon aiki ya taso. Ranar da kwamitinmu ya je duba aiki, na tsuguna na ɓantari gefen kankaren da ɗan dutse, ya ruguje kamar ba a sa masa siminti ba. Na ce ba zan sa hannu a rahoto ba sai an fasa an sake. An aiko mini da mutane, an aiko da saƙo cikin dare, na mayar. Wasu abokan aikina suka tsaya tare da ni, Allah ya saka musu. Aka fasa aka sake zubawa.

Ba a daɗe da gama ta ba sai ambaliyar Satumba 2010, daidai lokacin ƙaramar sallah. Ruwa ya ƙwace daga madatsar Goronyo, gulbin Rima ya yi toroƙo ya shafe ƙauyuka a Goronyo, Gada, Wurno, Kware har zuwa Silame, ya yanke hanyar shiga Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo. Gero ya nuna ana shirin yanka, ruwa ya haɗiye shi a tsaye. Gidajen ƙasa suka narke, rumbuna suka tafi da abin da ke cikinsu. Da kwale-kwale muka riƙa shiga, sarkin ruwa a gaba, muna sauko da mutane daga kan tudu da rassan itatuwa. Gadar ta tsaya, kuma ta kanta mutanen hayi suka fito da tsofaffinsu da dabbobinsu.

Da kayan agaji suka iso, na roƙi a bar mini rabon yankinmu in yi shi irin na kasuwa. Muka sauke komai a filin makarantar firamare da rana tsaka, kowa yana gani. Na ɗaga buhun farko na ji bai kai nauyinsa ba, na sa aka farke bakinsa aka auna da tiya a gaban wanda ya kawo, aka rubuta abin da ya ragu, daga baya ya ciko. Kowane mai unguwa ya kawo sunayen gidajensa, liman ya tabbatar, aka fara da zawarawa da marayu, aka kira suna da ƙarfi. Wani na kusa da ni ya raɗa mini cewa a fara da 'yan jam'iyyarmu. Na ce masa ruwan bai tambayi katin jam'iyyar kowa ba kafin ya shiga ɗakinsa. Ina ganin wannan rabo ne ya sa a 2011 har waɗanda suka yaƙe ni a baya suka zaɓe ni.

Akwai abin da nake so masu karatu su fahimta game da raunin majalisun jihohi, domin ba na Sakkwato kaɗai ba ne, na ƙasa ne baki ɗaya. Majalisar da aka ɗora wa sa ido a kan ɓangaren zartarwa, a wajensa take karɓar kuɗin man mota da na takarda. A gyaran tsarin mulki na 2010 an kawo batun ba majalisun jihohi 'yancin kuɗinsu, ana buƙatar amincewar 24 daga cikin 36, aka rasa. Sai a 2018 Shugaba Buhari ya sa hannu a kan wannan gyara. Haka kuɗin ƙananan hukumomi, ta asusun haɗin gwiwa da jiha suke bi, har sai da Kotun Ƙoli ta yanke hukunci a watan Yulin 2024 cewa a riƙa ba su kai tsaye. Ni a ganina wannan shi ne tushen cunkoson da ke ƙofar gidan ɗan majalisa. Ranar da ƙaramar hukuma ta iya sa magani a asibitin ƙauye, ta gyara famfo, ta biya malamin firamare a kan lokaci, rabin mutanen da ke zaure za su zauna gidajensu da mutuncinsu, shi kuma wakili ya sami sukunin karanta kasafi.

Da 2015 ta matso, wasu suka zo suna cewa yarjejeniyar dattawa ba doka ba ce, tsarin mulki bai yanka wa ɗan majalisa wa'adi ba, in sake fitowa. Gaskiya ne bai yanka ba. Amma a gabana aka yi alkawarin, kuma Inna, wadda ta rasu ina cikin zubi na biyu, ta riga ta faɗa mini abin da zan yi. Na tara mutanena na ce musu lokacin 'yan uwanmu ne, na kama hannun wanda ɓangarensu ya tsayar muka zaga ƙauyuka tare.

Na dawo kasuwa na tarar jari ya ragu ƙwarai, mota ɗaya an sayar, kuma sana'ar ta canza. Yanzu yaro yana zaune a Achida yana ganin farashin Ikko da Anaca a wayarsa, kuɗi suna shigowa ta banki kafin mota ta kai Kwantagora. Na zauna na koya a wajen ɗana, muka sake gina rudu, muka ci gaba da ba manoma inji da taki. An rufe kan iyaka a Agustan 2019 har Disambar 2020, aka sake rufewa bayan juyin mulkin Nijar na Yulin 2023, ga ƙarancin takardun naira a farkon 2023, ga tsadar mai bayan cire tallafi, wanda ya sa shayar da fangali ɗaya ya zama abin lissafi. Duk waɗannan ɗan kasuwa yana iya daurewa, domin mun ga 1984.

Abin da ba mu taɓa gani ba shi ne rashin tsaro. Tun harin Tabanni a ƙaramar hukumar Rabah a watan Yulin 2018, gabashin Sakkwato bai sake barci da ido biyu ba. Isa, Sabon Birni, Goronyo, Rabah, ko'ina labarin ɗaya ne. A 2021 an katse layukan waya a wasu ƙananan hukumomi, a watan Oktoba na shekarar aka buɗe wuta a kasuwar Goronyo ana tsakiyar ciniki. Manoman da na yi shekaru ina hulɗa da su, wasu an kashe, wasu suna gudun hijira a birni ko cikin Nijar, wasu an sa wa garinsu haraji kafin a bar su su shiga gonakinsu. Direbobi ba sa yarda su ɗauki kaya bayan la'asar. Wanda ke kan kujerarmu yanzu, in na je gidansa da safe, abin da ake kawo masa ya wuce takardar magani da ragon suna. Kuɗin fansa ake nema, da likkafani, da wurin da za a ajiye mata da yara da suka kwana a daji. Ina tausaya masa, domin ba shi da soja ba shi da ɗan sanda, abin da yake da shi bakinsa ne a zauren majalisa da ƙafarsa ta zuwa ofisoshi.

Shi ya sa ban zauna ba duk da shekaru sun ja. Dattawan da suka zo mini a 2006 yawancinsu sun riga mu gidan gaskiya, yanzu mu ne dattawan. Mun rubuta takarda da sa hannun hakimai da limamai da shugabannin manoma na gundumomin biyu, muna neman abu biyu: a ƙarasa hanyar da ta tashi daga gada zuwa bakin kwalta, don jami'an tsaro su iya isowa cikin lokaci in an kira su, kuma a ajiye su a mashigar fadamar gabas ko da na watannin noman rani ne. Wakilinmu ya karɓa ya yi alkawarin gabatar da ita, ni kuma na ce masa zan raka shi duk ofishin da za a je, tunda na san hanyoyin. Iri yana nan a bedi ya fara tasowa. In mutanen hayi ba su sami shiga fadamarsu sun yi dashe kafin ƙarshen Disamba ba, albasar bana ta wuce su.